Makon da ba shi da Juma'a

Masu ƙaga labari sukan ce akwai wata iyaka a sararin sama inda lokaci yake rikicewa. Wannan almara ce. Amma a duniyarmu akwai iyaka mai kama da ita.

Duniya tana juyawa daga yamma zuwa gabas. Shi ya sa mutanen gabas suke riga na yamma ganin rana. A watan azumi, mutanen Tasawa da na Mayahi suna riga na Yamai shan ruwa da fiye da minti 20. Idan ƙarfe 8 ta yi a Tasawa, a Makka ƙarfe 10 ce.

To, a ina sabuwar rana take somawa? An shata wani layi bisa taswira, a tsakiyar tekun Pasifik. Ba shinge, ba darni, ba a ganinsa da ido. In Litinin ce a yammacinsa, Lahadi ce a gabashinsa.

A da, tsibiran Samowa suna gabashin layin, abokan cinikinsu na Ostireliya kuwa suna yamma. A shekarar 2011 sai Samowa ta koma ɓangaren yamma. Mutane suka kwanta ranar Alhamis 29 ga Disamba, suka tashi ranar Asabar 31. Juma'a ba ta zo ba!

Lokaci bai ɓace ba. Ƙidayar kwanaki ce aka gyara.

Tambayoyi
1. Tasawa da Yamai, wa yake riga shan ruwa? Don me?
2. Wace rana ce Samowa ta tsallake?