Biri Ya Yashe Haƙora, Mu Muka Ce Murmushi Ne

Ranar 31 ga Janairu, 1961, Amurka ta harba wani biri nau'in cimfanzi mai suna Ham zuwa sararin samaniya. Daga dajin Kamaru aka kamo shi yana ƙarami, aka koya masa jan wasu 'yan sanduna idan fitila ta kama. In ya yi daidai a ba shi abinci mai ɗanɗanon ayaba, in ya kuskure a ɗana masa lantarki a tafin ƙafa. Tafiyar minti 16 ce da 'yan kai. Bayan an ciro shi daga teku hotunansa suka bazu, haƙora duk a waje, jama'a suka ce ai ga shi nan yana murmushin nasara. Jane Goodall, wadda ta daɗe tana nazarin irin waɗannan birai a Gombe (ta Tanzaniya fa, ba tamu ba), ta ce abin da ke fuskar nan tsabar firgici ne. A wurin cimfanzi, yashe haƙoran sama da na ƙasa haka alamar tsoro ce.

Wannan shi ne jingina wa dabba halin ɗan Adam: ka ga abu a jikinta, ka fassara shi da ma'anar da yake da ita a jikinka. Mu ma da shi muka tashi. Gizo mai wayo, dila malamin daji, kura uwar kwaɗayi. A tatsuniya ba komai, don kowa ya san da mutane ake. Matsalar tana farawa ne in dabbar mai rai ce, kuma tana hannunmu.

Ɗauki kare. Masu kiwonsa sukan ce in ya yi ɓarna yana jin kunya: ya sunkuyar da kai, ya kwantar da kunne, ya ƙi haɗa ido. A 2009 wata mai bincike a Amurka, Alexandra Horowitz, ta gwada zancen da karnuka 14. Mai kare zai hana shi cin wani abu, ya fita daga ɗaki. Idan ya dawo sai a gaya masa karen ya ci ko bai ci ba, wani lokaci kuma ba gaskiya ake gaya masa ba. Sai aka ga wannan fuskar kunyar ta fi fitowa idan mai karen ya yi faɗa, ko da karen bai taɓa komai ba. Ka ga ke nan tsawar yake amsawa. Mu kuwa sai mu ce ya amsa laifinsa, a ƙara masa da duka.

Wanda ya fi ba ni tausayi shi ne Nim. Shi ma cimfanzi ne, an raba shi da uwarsa yana jariri a 1973, aka kai shi wani gida a birnin New York don binciken Herbert Terrace na Jami'ar Columbia. Aka sa masa riga, aka rene shi kamar ɗa, ana koya masa maganar hannu ta kurame. Ya koyi alamu fiye da 100. To amma biri ya girma, ƙarfi ya zo, ya fara cizon masu kula da shi, abin da ba baƙo ba ne a ɗabi'ar irinsa. A 1977 aka rufe aikin, aka mayar da shi keji cikin biran da bai saba da su ba, daga baya ma har ɗakin gwajin magunguna ya shiga kafin a fitar da shi. Ya mutu a 2000. Shi kansa Terrace ya ƙarasa da cewa yawanci kwaikwayon malamansa Nim yake yi. Duk wanda ya taɓa tsayawa kallon birin wasa a kasuwa, an ɗaura masa ɗan wando da sarƙa a ƙugu, ya tuna da wannan kafin ya ce birin yana jin daɗi.

Kada a fahimce ni baibai. Dabba tana jin tsoro, tana jin zafi, tana shaƙuwa, kuma wanda ya musanta haka shi ma ya kauce. Masani Frans de Waal ya yi rubutu sosai a kan wannan kuskuren na biyu. Abin dai shi ne kowace dabba da yadda take nuna nata.

'Yan sashen noma da lafiyar dabbobi, nan ne abin ya shafe ku kai tsaye. Tumaki da shanu ba su cika nuna ciwo a fili ba, don a daji wanda ya nuna rauni shi ake fara kamawa. Saboda haka ragon da ya yi shiru a gefe, wanda mai shi ke yabo wai mai haƙuri ne, yana iya zama marar lafiya. In za ka cika littafin rahoto a gonar makaranta, kada ka rubuta "ya yi fushi" ko "yana kewar ɗan'uwansa". Rubuta abin da idonka ya gani: ya ware daga garke, ya daina tuƙa, yana cizon haƙora, bai taɓa dusa ba tun safe. Sannan ka auna zafin jikinsa ka kira likitan dabbobi.