Yadda Edita Ke Ɗinka Fim

Ranar da aka tashi daga lokeshan, abin da ake kai wa edita tarin guntaye ne: fitowa ɗaya an ɗauke ta sau biyar ko goma, daga nesa da kusa, ba a jere ba. Aikinsa na farko shi ne kallon komai da rarraba shi fitowa-fitowa, tare da daidaita sauti da hoto. Amfanin allon nan da ake bugawa gaban kyamara ke nan, don ƙarar bugun ita ke nuna inda za a haɗa su. Wannan mataki na cin lokaci. Fim ɗin Apocalypse Now na 1979 ya tara abin da ya kai sa'o'i 230, edita Walter Murch da abokan aikinsa suka fitar da kimanin sa'o'i biyu da rabi.

Daga nan sai ya jera guntayen bisa rubutaccen labari, ya samu haɗin farko mai tsawo da gundura. Sai su zauna da darakta a shiga yanka, kuma a nan ne edita ke zama marubucin labarin na ƙarshe. A fim na sinima daƙiƙa ɗaya hotuna 24 ce, kuma rage uku ko huɗu daga cikinsu kan sauya yadda zuciyar mai kallo ke bugawa. Idan miji ya furta saki, edita ne zai zaɓa ko a tsaya kan bakinsa ko a koma kan fuskar matar. Labari biyu ne daban. A fim ɗin Jaws na 1975, kifin ƙarfen da aka ƙera ya yi ta lalacewa a cikin teku, sai edita Verna Fields da darakta Steven Spielberg suka riƙa nuna shi kaɗan-kaɗan, tsoron ya ƙaru, ita kuma ta ci kyautar Oscar.

Wani zai ce ai fim na darakta ne, edita ɗan aike ne kawai. Gaskiya ne maganar ƙarshe ta darakta ce ko furodusa. Amma wanda ya sha rana kwana uku kan fitowa ɗaya da wuya ya yarda a zubar da ita, edita kuwa bai je wurin ba, idonsa na ɗan kallo ne. Wasu kuma na cewa kwamfuta ta sauƙaƙa komai. Ta kawar da almakashi da liƙe-liƙen zare dai, amma manhajoji irin su Avid ko Premiere ba su san inda ya kamata a yanke ba.

Bayan an kulle hoto, ba a sake taɓa tsawonsa, sai a gyara sauti da launi, a ɗora kiɗa da sunaye. A Kannywood, inda ake rera waƙa a sutudiyo jarumai su bi da baki, tun kafin kullewar edita ke bin leɓe da baiti har su dace.