Darasi na Goma Sha Huɗu: Maɓallin Haɗin Gaggawa na Na'urar Rarraba Intanet

Manufar darasi

A ƙarshen wannan darasi, ana sa ran ɗalibi zai iya bayyana aikin maɓallin haɗin gaggawa, ya faɗi dalilan da kan hana shi aiki, sannan ya yi amfani da jimlolin umarni da na hani a magana da rubutu.

Karatu

A gidaje da yawa a yau akwai wani ƙaramin akwati mai fitilu wanda yake rarraba intanet ga wayoyi da kwamfutoci ba tare da igiya ba. Mutane suna kiransa rauta. Kafin waya ko kwamfuta ta shiga Wi-Fi ɗin gida, sai an rubuta kalmar sirri. Wannan kalma takan yi tsawo, kuma takan haɗa haruffa da lambobi. Rubuta ta a waya ba shi da wuya, amma akwai na'urorin da ba su da wurin rubutu mai kyau, kamar firinta da talabijin da na'urar ƙara nisan Wi-Fi.

Saboda haka ne a shekarar 2006 ƙungiyar kamfanoni da ake kira Wi-Fi Alliance ta fito da wata hanya mai sauƙi. A jikin rauta aka sa wani ƙaramin maɓalli, galibi a baya ko a gefe, an rubuta masa haruffa uku: WPS. A wasu na'urorin ba a rubuta komai ba, sai dai hoton kibiyoyi biyu suna bin juna. Shi ne maɓallin haɗin gaggawa.

Ga yadda yake aiki. Idan an danna shi, rauta takan buɗe ƙofa na minti biyu. A cikin wannan lokaci fitilarta tana kamawa tana mutuwa, alamar tana jiran baƙo. Sai a je wurin firinta a danna nata maɓallin, ko a zaɓi WPS a cikin saitinta. Na'urorin biyu sukan gane juna, rauta ta miƙa wa firinta sunan Wi-Fi da kalmar sirri da kanta. Idan haɗin ya yiwu, fitilar takan tsaya cak. Idan minti biyu sun wuce ba wanda ya shigo, sai ƙofar ta rufe.

Idan maɓallin ya ƙi aiki

Sau da yawa maɓallin lafiyarsa ƙalau, matsalar tana wani wuri dabam. Mai hankali yakan fara bincike daga abu mafi sauƙi kafin ya kai ga mai wuya.

Na farko, lokaci. Idan rauta tana falo, firinta kuma tana ɗaki na sama, mai yiwuwa minti biyun sun ƙare kafin a isa. Maganin wannan shi ne a kawo firinta kusa da rauta, a haɗa su, sannan a mayar da ita wurinta. Ba za ta manta da kalmar sirrin ba. Haka kuma idan yanzu aka kawo wuta ko aka tayar da janareta, a ba rauta ɗan lokaci ta gama tashi, fitilunta su daidaita, kafin a taɓa ta.

Na biyu, yadda ake dannawa. Wasu na'urori taɓawa ɗaya ta ishe su, wasu kuwa sai an riƙe maɓallin na 'yan daƙiƙu. Littafin da ya zo da na'urar shi yake faɗin daidai. A nan akwai haɗari babba: a wasu rautoci maɓalli ɗaya ne yake yin aiki biyu. Gajeriyar dannawa tana buɗe haɗin gaggawa, doguwar dannawa kuwa tana goge duk saitin, ta mayar da na'urar yadda ta fito daga kamfani. Idan haka ta faru, sunan Wi-Fi da kalmar sirrin da aka sa a gida sun tafi, kuma kowace waya a gidan za ta rasa intanet har sai an sake saiti.

Na uku, cunkoso. Maɓallin baƙo ɗaya yake karɓa a lokaci ɗaya. Idan na'urori biyu suka nemi shiga tare, rauta takan ƙi su duka, don ba ta san wanne ne na gida ba. Sai a jira minti biyu, a sake gwadawa da na'ura ɗaya.

Na huɗu, saitin rauta. Wataƙila an kashe WPS daga ciki. Ana duba wannan ta hanyar buɗe shafin saitin rauta a kwamfuta ko waya. Adireshin shafin yana kan takardar da aka liƙa a ƙasan na'urar, kuma sau da yawa 192.168.0.1 ne ko 192.168.1.1. Haɗin gaggawa yana tafiya ne da tsarin tsaro na WPA2. Ba ya aiki da tsohon tsarin WEP, ba ya kuma aiki idan an zaɓi sabon tsarin WPA3 shi kaɗai. Idan an ɓoye sunan Wi-Fi, nan ma yawancin rautoci sukan dakatar da shi.

Na biyar, zango. Rautocin zamani suna watsa Wi-Fi a zango biyu, 2.4 GHz da 5 GHz. Firintoci da yawa zangon farko kaɗai suke ji. Idan an kashe shi a rauta, ko sau nawa aka danna maɓalli, firinta ba za ta amsa ba.

Na shida, ita na'urar da ake son haɗawa. Wayar iPhone ba ta amfani da wannan maɓalli. Wayoyin Android ma, tun daga Android 9 wanda ya fito a 2018, an fara cire musu shi. Don haka idan ka neme shi a sabuwar waya ka rasa, wayarka ba ta lalace ba. Rubuta kalmar sirri kawai.

Idan duk an duba waɗannan abu ya ƙi, a zare rauta daga soket, a jira rabin minti, a mayar. Wannan ba ya goge komai.

Tattaunawa

Dare ya yi. Gobe da safe wata ɗaliba za ta rubuta jarrabawar shiga jami'a, kuma ba ta buga takardar shiga zaure ba. Sabuwar firintar gidansu ta ƙi haɗuwa da Wi-Fi. Ta je wurin yayanta.

Ƙanwa: Yaya, don Allah zo ka taimake ni. Sau uku ina danna maɓallin nan, firinta ta ƙi.

Yaya: Kwantar da hankalinki. Da kika danna, fitila ta yi yaya?

Ƙanwa: Ta yi ta kamawa tana mutuwa, can sai ta daina.

Yaya: To, maɓallin yana aiki ke nan. Ina firintar take?

Ƙanwa: Tana ɗakin Baba. Sai na hau sama, sannan in nemo wurin a cikin saitinta.

Yaya: Ai shi ke nan. Kafin ki gama nema, minti biyu sun wuce. Ɗauko ta ki kawo nan.

Ƙanwa: Ga ta. Ko in riƙe maɓallin sosai, ya fi shiga?

Yaya: A'a, kada ki riƙe! Duba abin da aka rubuta a ƙasansa. Maɓallin nan shi ne kuma na gogewa. Idan kika daɗe a kansa, duk gidan nan babu mai intanet yau, kuma Baba yana da aikin ofis.

Ƙanwa: Ashe saura kaɗan in yi ɓarna.

Yaya: Garaje ba ƙarfi ba ne. Fara shirya firinta tukuna. Kin ga inda aka rubuta WPS? Yauwa. Yanzu danna na rauta sau ɗaya ki sake shi, sannan ki danna na firinta.

Ƙanwa: Fitilar ta tsaya, Yaya! Ta haɗu!

Yaya: Madalla. Buga takardarki guda biyu, ki ajiye ɗaya a jaka. Ni kuma bari in shiga saiti in kashe WPS ɗin.

Ƙanwa: Don me za ka kashe abin da ya taimake mu?

Yaya: Ya gama aikinsa. Firinta ta riga ta riƙe kalmar sirri. Je ki kwanta, gobe na yi miki bayani.

Me ya sa ake kashe shi?

Dalilin yayan yana da tushe. Duk wanda ya iya kai hannu ga rauta zai iya danna maɓallin ya shigar da na'urarsa, ko da bai san kalmar sirri ba. Kuma a cikin minti biyun nan, na'urar maƙwabci da ke kusa za ta iya rigan ta gida shiga.

Akwai wata matsala da ta fi wannan. Ban da maɓalli, WPS yana da hanya ta biyu, wato lamba mai alƙaluma 8. A watan Disamba na 2011 wani mai bincike, Stefan Viehböck, ya bayyana rauninta. Alƙalami na ƙarshe na tantancewa ne kawai, ana lissafo shi daga sauran bakwai. Sannan rauta tana duba lambar kashi biyu: huɗun farko dabam, ragowar dabam. Saboda haka mai kutse ba ya bukatar gwaji miliyan 10. Gwaji 10,000 na kashin farko da 1,000 na kashi na biyu, wato 11,000, sun ishe shi, kuma kwamfuta tana iya gama wannan cikin sa'o'i. Wanda ya shigo ta wannan hanya zai ƙarar da datar gida, kuma zai iya kaiwa ga sauran na'urorin da ke kan Wi-Fi ɗin. Shi ya sa masana suke ba da shawarar a kashe WPS idan ba a bukatarsa. Rigakafi ya fi magani.

Sababbin kalmomi

maɓalli: abin da ake dannawa don kunna na'ura ko sa ta aiki
rarraba: ba kowa nasa kaso
kalmar sirri: kalmar da mai abu kaɗai ya sani, wadda take buɗe masa hanya
cak: tsayawa ba motsi
cunkoso: taruwar abubuwa da yawa a ƙaramin wuri
goge: share abu ya ɓace
liƙa: manna abu a jikin wani
garaje: yin abu da sauri ba tunani
rauni: rashin ƙarfi, ko wurin da abu yake da saukin karyewa
kutse: shiga wuri ba da izini ba

Tambayoyi

1. Wace shekara aka fito da haɗin gaggawa, kuma don me?
2. Minti nawa rauta take jira bayan an danna maɓallin?
3. Me zai iya faruwa idan aka daɗe ana riƙe da maɓallin?
4. Me ya sa rauta take ƙin na'urori biyu da suka zo tare?
5. Mene ne ainihin abin da ya hana firintar ɗalibar haɗuwa?
6. Yaya aka samu jimlar 11,000?
7. Me yayan yake nufi da cewa garaje ba ƙarfi ba ne?

Nahawu: umarni da hani

Ana ba mutum ɗaya umarni da aikatau kai tsaye: Danna maɓallin. Duba fitilar. Ana kuma iya sa ka, ki ko ku a gaba: Ka danna. Ki duba. Ku jira. Idan mutane suna da yawa, dole ne a sa ku. Idan ana magana da babba, akan fara da "don Allah".

Hani yana farawa da kada: Kada ka riƙe maɓallin. Kada ki zare igiyar. Kada ku faɗa wa kowa kalmar sirri.

Lura da wasu aikatau da suke canza wasalin ƙarshe. Suna ƙarewa da i a gaban suna, da e a gaban wakilin suna:

Ka saki maɓallin. Ka sake shi.
Ki nemi littafin. Ki neme shi.
Ku tambayi malama. Ku tambaye ta.
Ka taimaki ƙanwarka. Ka taimake ta.

Kada ka rikita "sake shi" da ke nufin cire hannu daga abu, da "sake" da ke nufin maimaitawa, kamar a cikin "sake gwadawa".

Aikin aji

A. Mayar da waɗannan zuwa hani:
1. Kashe rauta.
2. Ki ɓoye sunan Wi-Fi.
3. Ku haɗa na'urori biyu tare.

B. Sa wakilin suna a madadin sunan da ke ƙarshen jimla:
1. Ka ɗauki firinta.
2. Ki nemi adireshin.
3. Ku tambayi Yaya.

C. Kammala waɗannan jimloli:
1. Idan fitila ta tsaya cak, ……
2. Idan an kawo wuta yanzu, sai a ……
3. Idan wayarka ba ta da WPS, ……

D. Ku tashi biyu-biyu ku karanta tattaunawar da babbar murya, sannan ku musanya matsayi.

Aikin gida

Kawunka ya sayi sabuwar firinta, kuma bai taɓa haɗa na'ura da Wi-Fi ba. Rubuta masa gajeriyar wasiƙa mai jimloli goma, ka bayyana masa matakan ɗaya bayan ɗaya. Ka fara da gaisuwar da ta dace da babba, ka yi amfani da umarni biyar da hani biyu.