Fenti na bushewa a faranti

 Ni mai zane ne, na haura hamsin. A da in na ɗauki buroshi, sai azahar ta yi ban sani ba. Yanzu sai in wuni ina dama fenti, ya bushe a faranti ban ja layi ɗaya ba. Masu saye abu biyu suke so: dawakan hawan sallah, da 'yar Fulani da ƙwaryar nono. Ina tsine wa masu sayen a zuci, amma da mota ta tsaya ƙofar shago sai in miƙe jiki na rawa. Kwanan nan wani dillali ya ce in sake zana wani tsohon aikina in sa masa shekarar da, zai ninka kuɗin. Ga kuɗin makarantar yara. Launuka ma sun fara yi mini dishi-dishi. Ina mafita?

Mai zane, Zariya

To, ɗan'uwa. Abin da ka ajiye a ƙarshe shi ne na farko: je ka a duba idonka. A 1912 aka gano yanar ido a idon mai zane Claude Monet na Faransa. Launukansa suka rine zuwa ja da ruwan ƙasa, shi kuwa ya yi ta jan ƙafa don tsoron wuƙar likita, sai 1923 aka yi masa aiki. Wataƙila basirar da kake yi wa makoki tana nan da ranta.

Dillalin nan kuwa, sallame shi. Giorgio de Chirico na Italiya ya yi suna kafin 1920 da zanen dandali wayam da dogayen inuwoyi. Da masu sharhi suka juya wa sabon salonsa baya, sai ya riƙa kwafar tsofaffin zanensa, wasu ya liƙa musu shekarun baya, alhali shi ne kan gaba wajen ƙorafin ana yi masa jabu. Ya rasu a 1978, ya bar masana suna ta gardamar wanne ne na wace shekara. Ka zana doki sau ɗari in kana so, abincinka ke nan, kuma ka daina tsine wa mai biyan kuɗin makarantar 'ya'yanka. Amma ƙaryar shekara algus ce.

Mai zane Henri Matisse kuwa, da tiyatar da aka yi masa a 1941 ta hana shi tsayuwa, almakashi ya ɗauka yana yanka takardu masu launi. Kai ma ajiye buroshi da safe. Ɗauki gawayi, ka zana mai shayin layinku, kada ka sa masa farashi. Dawakai sai bayan la'asar.