Asalin Kalmomin Addini a Hausa: Misali daga Unguwar Kabara

Kowane babban addini yana da harshen da ya adana littattafansa. Mabiya addinin Buddha a Siri Lanka da Tailan sun ɗebo kalmomin ibadarsu daga harshen Pali, kamar yadda Hausawa suka ɗebo nasu daga Larabci. Unguwar Kabara a birnin Kano, cibiyar ɗariƙar Ƙadiriyya, wuri ne da ɗalibi zai ji wannan aro da kunnensa. Sunan unguwar ma ya samo asali ne daga Kabara ta kusa da Tambutu. A zawiyar Shehu Nasiru Kabara, wanda ya rasu a 1996, kalmomi irin su zikiri da muridi da muƙaddami da halifa ba su yi nisa da siffarsu ta Larabci ba, domin ta hannun malamai da littattafai suka shigo.

A 1947 Joseph Greenberg ya bambanta irin waɗannan da wani rukuni da ya riga su shigowa ta bakin fatake. Da yawa cikin na wannan rukuni sun haɗiye "al" ta Larabci, kamar allo da alƙalami da liman. Harafin "lwadi" kuwa yakan koma "l", shi ya sa ake cewa alƙali da alwala da farilla. Kuskure ne malami ya ɗauki wannan a matsayin gurɓataccen lafazi, har ya rage wa ɗalibi maki a kansa.

Aiki: Kawo kalmomin ibada goma, ka bayyana sauyin sautin da kowacce ta samu.