Duka ne ko faɗuwa? Abin da ke shiga katin asibiti

Ni ma'aikacin sashen adana bayanan marasa lafiya ne. Bayan an sallami majiyyaci fayil ɗinsa kan zo hannuna, in sa wa abin da likita ya rubuta lambobi bisa kundin cututtuka na Hukumar Lafiya ta Duniya, wato ICD-10, wanda ƙasashe suka fara aiki da shi a 1994. Waɗannan lambobi ake tattarawa a san me ke kawo mutane asibiti, me kuma ke kashe su.

Kowane rauni lamba biyu yake bukata. Ta farko tana faɗin abin da ya samu jiki: S02.0 tsagewar ƙoƙon kai, S52.2 karayar ɗaya daga ƙasusuwan damtse na ƙasa da gwiwar hannu, S36.0 raunin saifa. Ta biyu tana faɗin sanadi. Idan wani ne ya kai duka da gangan da abu marar kaifi, gora ko kulki ko taɓarya ko rodi ko dutse, lambar Y00 ce. Wuƙa da adda X99 ne, naushi da shuri Y04. Akwai ma gurbin wurin da abin ya faru: 0 gida, 4 titi, 7 gona.

A lamba ta biyu ake yin asara. Sau da yawa katin na cewa "rauni a kai" kawai, ko "ta faɗi a banɗaki", alhali karayar hannun irin wadda mutum ke samu ce in ya ɗaga hannu yana kare kansa daga sanda. Ba ni da hurumin sa lamba bisa zato. Abin da aka rubuta shi nake bi. Sai dukan ya shiga lissafi a matsayin faɗuwa, ko ya tafi Y29, inda ake ajiye raunin abu marar kaifi da ba a tantance ganganci ne ko tsautsayi ba. A takarda, unguwar da 'yan daba da masu ƙwacen waya suka addaba sai ta zama unguwar masu yawan tuntuɓe, kuma babu hukumar da ke ware kuɗi ko jami'ai don matsalar da alƙaluma ba su nuna ba.

Na san abin da ke sa a ɓoye: kunya, rufin asirin aure, tsoron ramuwa, gudun zarya ofishin 'yan sanda. Amma wanda ya ɓoye ciwo, ciwo zai ɓoye shi. Dukan gora na iya barin fata lafiya lau, jini na taruwa a hankali cikin kai, ko saifa ta fashe daga baya. Likitan da aka gaya wa gaskiya ya san inda zai duba da hoton da zai sa a ɗauka. Kuma ran da aka je kotu, abin da ke cikin fayil tun ranar farko shi ne hujja. A Najeriya Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta hana a ƙi ba kowa kulawar gaggawa, ta kuma wajabta rufe sirrin majiyyaci.

'Yan uwa, in an kawo ku ko kun kawo wani, ku faɗi da me aka yi dukan, a ina, kuma yaushe. In kuna jin nauyin 'yan rakiya, ku nemi ganin likita ku kaɗai.

Abokan aikina likitoci da ma'aikatan jinya, ku yi tambayar a keɓe, musamman ga mata da yara. Ku rubuta abin da majiyyaci ya faɗa da bakinsa, da abin da idonku ya gani, ko da sun saɓa. Layi ɗaya ya wadatar: "An buge shi da gora a ka, a gona, jiya da yamma." Daga wannan layin nake samun sanadi da wurin da abin ya faru, kuma da shi mai rauni zai nemi haƙƙinsa.