Hannu da Na'ura a Zanen Zdenek Sykora

Manufar wannan 'yar maƙala ita ce duba wata tambaya da ke damun masu nazarin fasaha, wato idan na'ura ta sa hannu a zane, shin wa ke da shi? Za mu ɗauki misali daga Zdenek Sykora (1920-2011), mutumin garin Louny a ƙasar Cek.

Da farko Sykora mai zana filaye da itatuwa ne. A shekarar 1964 ya haɗa kai da masanin lissafi Jaroslav Blazek, suka fara amfani da kwamfuta. Yakan raba allo gida-gida kamar dara, ya sanya siffofi a wasu gidajen, ya shimfiɗa ƙa'idar yadda za su maƙwabci juna, sannan na'ura ta lissafa abin da zai cike sauran. Da irin wannan tsari aka ƙawata hasumiyar fitar da iska ta hanyar ƙarƙashin ƙasa ta Letna a birnin Prag a 1969.

Daga 1973 ya koma zanen layuka masu lanƙwasa. A nan lambobin da suka faɗo bisa katari su ke yanke kaurin layi da launinsa da inda zai karkata.

Abin lura shi ne, lambobi kawai na'urar ke bayarwa. Sykora ne ke ƙaga ƙa'ida, shi ne kuma ke shafa fenti da hannunsa. Saboda haka matsayin kwamfuta a aikinsa bai wuce na allura a hannun maɗinki ba. Zanen na mai ƙa'ida ne.